Bugun Da Ba A Buga Ba

Turawa suna da wani wasa da suke kira golf, masu ba da labarin wasanni a rediyo kuwa sukan ce masa ƙwallon lambu. Ba wasan gudu ba ne, ba kuma na ture-ture ba. Mutum yakan ɗauki sanda mai lanƙwasasshen kai, ya bugi wata 'yar farar ƙwallo wadda ba ta kai ƙwan kaza ba, ya bi ta da ƙafa, ya sāke bugu, har ya jefa ta cikin wani ɗan rami. Ramuka 18 ne a filin. In ka ji haka sai ka ce wasan marasa aikin yi ne, amma littattafan da aka rubuta a kansa sun isa su cika ɗaki. Akwai na Mark Frost, na shekara ta 2002, a kan Francis Ouimet, wani saurayi ɗan talakawa mai shekara 20, wanda a 1913 ya kā da manyan gwanayen Birtaniya biyu, Harry Vardon da Ted Ray. Akwai na Michael Corcoran a kan karon da Tom Watson da Jack Nicklaus suka yi a Turnberry ta ƙasar Sikotlan a 1977. Waɗannan duka labarin bugu ne da aka yi, jama'a suka gani, suka yi tafi.

Amma akwai wani littafi, Draw in the Dunes, wanda Neil Sagebiel ya fitar a 2014, shi kuwa ƙarshen labarinsa duka ya rataya ne a kan bugun da ba a buga ba. A kan wannan nake so mu yi tunani tare, ya mai karatu, gama akwai tambaya a ciki wadda ta fi wasa nauyi. Wanda jama'a suka aika ya tsaya musu, yana da ikon ya yi wa abokin karawarsu rangwame?

Kafin mu shiga labarin, dole a san ƙa'ida guda. Iri biyu ake yin wasan. A iri na fari ana ƙidaya dukan bugun da mutum ya yi tun daga ramin farko har na ƙarshe, mai bugu mafi kaɗan shi ya ci, ba kuwa wanda yake da ikon ya yafe wa wani ko da bugu ɗaya. A iri na biyu mutum da mutum ne suke karawa, ana ƙidaya ramukan da kowa ya ci. A nan doka ta yarda, idan ƙwallon abokin karawarka ta tsaya dab da bakin rami, ka ce masa ya ɗauka, ka yarda ta shiga. Da zarar ka faɗa, magana ta ƙare: kai ba ka iya janyewa, shi ma ba ya iya ƙi.

Gasar da ake kira Kofin Ryder da iri na biyu ake yinta. An soma ta a 1927 tsakanin Amurka da Birtaniya, wani attajiri mai sayar da irin shuka, Samuel Ryder, shi ya ba da kofin. Daga farawa har zuwa 1969 sau uku kaɗai Birtaniya ta ci, wato a 1929, da 1933, da 1957. A 1967 ma kashin da ta sha ba kyan gani, maki 23 da rabi da 8 da rabi. Saboda haka sa'ad da aka taru a filin Royal Birkdale, a bakin teku kusa da garin Southport na Ingila, cikin watan Satumba na 1969, mutanen gida sun zo da tsohon miki.

Makon bai yi daɗi ba. Shugaban 'yan wasan Birtaniya, Eric Brown, ya hana mutanensa taya Amurkawa neman ƙwallo in ta ɓace a cikin ciyawa, abin da aka saba yi tun kaka da kakanni. A rana ta biyu cacar baki ta tashi tsakanin Dave Hill da Ken Still na Amurka, da Brian Huggett da Bernard Gallacher na Birtaniya, har sai da manya suka shiga tsakani. Haka aka yi ta ja-in-ja kwana uku. Da yammar ranar ƙarshe, 20 ga wata, an gama dukan karawa sai guda ɗaya, kowane gefe yana da maki 15 da rabi. Mutum biyu suka rage a fili, Jack Nicklaus da Tony Jacklin.

Nicklaus yana da shekara 29, ya riga ya ci manyan gasa bakwai, ko da yake wannan ne zuwansa na fari a Kofin Ryder. Jacklin kuwa shekararsa 25, ɗan wani direban babbar mota ne daga garin Scunthorpe. Wata biyu kafin nan ya ci babbar gasar ƙasarsu, abin da wani ɗan Birtaniya bai yi ba tun 1951, don haka dukan ƙasar ta ɗora masa ido. Da safiyar ranar ma ya riga ya kā da Nicklaus ɗin. Da yamma Nicklaus yana gaba da rami ɗaya, sai a rami na 17 Jacklin ya jefa ƙwallo daga nesa ƙwarai, suka koma daidai. Ihun da jama'a suka yi ya kai har kunnen Huggett a rami na 18, ya zaci Jacklin ya ci ke nan, har da ya jefa tasa ƙwallon ya fashe da kuka, yana tsammani ya kawo wa ƙasarsa kofi. Ashe da sauran aiki.

An ce suna tafiya zuwa ramin ƙarshe Nicklaus ya tambayi Jacklin yadda yake ji, Jacklin ya ce hankalinsa a tashe yake, Nicklaus ya ce nasa ma haka. Da suka iso, ƙwallon Jacklin ta tsaya kamar santimita 60 kafin rami, wato kamu ɗaya da 'yar ɗoriya. Ta Nicklaus ta wuce ramin da fiye da mita guda, don haka shi zai fara. In ya kuskure, Jacklin ya jefa tasa, kofi ya bar Amurka. Nicklaus ya jefa. Sa'an nan da ya sunkuya zai ɗauki ƙwallonsa, sai ya ɗauke har da 'yar alamar da Jacklin ya ajiye a gurbin tasa, ya miƙa masa hannu. Ya ce masa bai yi tsammani zai kuskure ba, amma ba zai ba shi zarafin kuskurewar ba. Aka tashi 16 da 16, kunnen doki na farko a tarihin gasar. Tun da yake kofin yana hannun Amurka tun dā, bisa ga ƙa'ida ita ce ta ci gaba da riƙonsa.

Yawancin masu ba da labarin nan sukan tsaya a nan su yi ta yabo. Ni kuwa ina so mu fara sauraron wanda bai yaba ba.

Shugaban 'yan wasan Amurka a shekarar, Sam Snead, tsohon gwani ne mai shekara 57, ransa kuwa ya ɓaci ƙwarai. Abin da ya riƙe shi ne, sun ƙetare teku don su ci ne, ba don a ce su mutanen kirki ba ne. Kada mu yi saurin cewa zafin rai ne na tsoho. Mu duba ƙararsa da kyau. Nicklaus ba don kansa yake wasa a ranar ba. Mutum 12 ne a ƙungiyar, goma sha ɗaya sun riga sun zubar da guminsu kwana uku, sun tsaya a gefe suna kallo, ba wanda aka tambaya. In da Jacklin ya kuskure, da Amurka ta ci 16 da rabi da 15 da rabi, da sunan kowane ɗayansu ya shiga littafi cikin waɗanda suka ci. Wannan rabon nasu ne, mutum ɗaya ya ɗauka ya bayar. In ka aiki yaro kasuwa da awakinka, ya iske mai saye abin tausayi ya rage masa kuɗi, ya komo yana ba ka labarin kirkinsa, za ka ce masa kirki da kayan wani ba kirki ba ne, cin amana ne. Ɗan aike ba shi da kyauta. Ƙarar Snead ke nan, ba kuwa ƙarama ba ce.

Akwai masu suka ta wata fuska dabam. Su cewa suke yi faɗuwa ce ta zo daidai da zama: Nicklaus ya san kunnen doki ya isa ya riƙe musu kofi, sai ya ba da abin da ba zai rage shi da kome ba, ya sayi suna da araha. To, amma ka lura, sukan nan biyu suna cin juna. In kyautar ba ta da tsada, Snead ba shi da abin kuka. In kuwa Snead yana da abin kuka, kyautar ba ta banza ba ce. A ganina gaskiya tana cikin jerin abin da ya faru. Nicklaus bai yafe kome ba sai bayan da ya jefa tasa ƙwallon, wadda ta fi ta Jacklin nisa ninki biyu, a lokacin da kuskure zai sa kofi ya tafi. Babbar amanar da aka ba shi, wato kada kofi ya kuɓuce, ya cika ta da hannunsa tukuna. Abin da ya bayar ragowa ce. Amma ragowar ma, dole mu faɗi gaskiya, ba tasa ba ce shi kaɗai.

To mece ce ragowar? Ba wani abu ba ne illa begen cewa hannun Jacklin zai yi rawa. Gwani kamarsa, in ka ajiye masa ƙwallo a wannan nisa a ranar da ba kowa, zai yi ta jefawa har ka gaji da ƙidaya. Ba gwaninta ake shirin gwadawa ba, gama ta gwaninta an riga an gama, ramuka 18 sun nuna su biyun daidai suke. Abin da ya rage a gani shi ne ko tsoro zai kā da shi a gaban mutanen ƙasarsa.

Wani zai ce, ai ƙarfin zuciya ma cikin wasan yake. Haka ne, ban musa ba. Faɗuwar gaba asarar namiji. Wasa da ba ya gwada zuciya wasan yara ne. Amma sai mu auna abin da faɗuwar za ta jawo, ba kuwa sai mun yi zato ba, gama wata goma bayan haka duniya ta gani da idonta. A watan Yuli na 1970, a St Andrews, wani Ba'amurke mai suna Doug Sanders ya iso ramin ƙarshe na babbar gasar Birtaniya, saura masa bugu ɗaya wanda bai kai mita guda ba ya ɗauki kofi. Irin wasan ƙidayar bugu ne, ba mai ikon yafe masa. Ya tsaya, ya daɗe, ya sunkuya ya kawar da wani abu a kan hanyar ƙwallon, ya buga, ta bi gefen rami ta wuce. Kashegari aka sāke karawa tsakaninsa da wanda suka yi daidai, aka cinye shi da bugu ɗaya. Wanda ya cinye shi kuwa Jack Nicklaus ne. Sanders ya ci gasa 20 a Amurka a rayuwarsa, amma har ya rasu a 2020, shekara 50 bayan abin, da wuya a ambaci sunansa ba a ambaci wannan bugu ba. Irin kayan da Nicklaus ya ƙi ɗora wa Jacklin ke nan, na Jacklin ma da ya fi nauyi, gama Sanders kansa kaɗai ya yi wa asara, Jacklin kuwa da ƙasa guda za a ce ya kunyatar.

Ka ga kuma a St Andrews Nicklaus bai ƙi kofin ba don ya zo ta hanyar rawar hannun wani. Ya karɓa, ya yi murna har ya jefa sandarsa sama. Wato shi ba mutum ne mai ƙyamar nasara ba. Inda doka ba ta ba shi zaɓi ba, ya ci abin da ya samu. Inda ta sa zaɓi a hannunsa, ya duba abin da ƙungiyarsa za ta ƙaru da shi, rabin maki a kan kofin da ya riga ya tabbata, ya duba abin da mutumin da ke gabansa zai ɗauka har kabari, ya ga ma'aunin bai yi daidai ba.

A nan nake rabuwa da Snead. Misalin ɗan aike da awaki yana da kyau, amma bai cika ba. Wanda ya aike ka ka tsaya masa, ba riba kaɗai ya damƙa maka ba, ya damƙa maka har da sunansa. Wakilin da ya matse wa maƙwabci wuya a kan abin da bai taka kara ya karya ba, ya komo da ɗan ƙari, ya kuma komo wa gidansu da baƙin jini, ba za a ce ya riƙe amana duka ba. Bayan makon da aka yi ana harara da cacar baki, sunan ƙungiyar Amurka yana bukatar wani abu wanda rabin maki ba zai saya ba. Harshenmu ma ya san da wannan tun dā. Wanda kake takara da shi, abokin hamayya muke ce masa. Wanda kuke gwada ƙarfi, abokin karawa. Har wanda kuke gaba da shi ba mu hana shi sunan aboki ba, muka ce abokin gaba. Ko a fagen kokawa, wanda ya yi kaye ya miƙa hannu ya ta da wanda ya kayar, ba ya rage wa garinsu kome, gama in ba wanda zai sāke shigowa fage, gwani da kansa ya zama ɗan kallo.

Amma akwai suka ta uku, ita ce ta fi damuna, ba kuwa daga gefen Amurka ta fito ba. Shin Jacklin da kansa ba a ƙwace masa wani abu ba? Da an bar shi ya buga ya jefa, da ya san har abada cewa a ranar da ƙasa duka ta hau kafaɗarsa, hannunsa bai yi rawa ba. Yanzu ba shi da wannan sani, ba kuwa zai taɓa samunsa ba. Tom Watson a Turnberry ya samu: Nicklaus ya jefa wata ƙwallo daga nesa a ramin ƙarshe, ya bar shi da ɗan gajeren bugu kamar na Jacklin, ya buga da kansa ya ci, 268 da 269. Akwai jinƙan da raini ne a cikin riga. Wanda ya ce maka bari in ɗauke maka, wani lokaci abin da yake nufi shi ne ba za ka iya ba. Ina tsammani Nicklaus ya hango wannan rami, shi ya sa bai ɗauke alamar ya yi shiru ba. Ya fara da shaida masa cewa ya san zai jefa, kāna ya faɗi dalilinsa. Maganar ba ado ba ce, ita ce ta raba kyautar da raini. Jacklin kuwa bai taɓa ɗaukarta raini ba, ya yi shekaru yana ba da labarin da godiya. Wata tara bayan haka ya je Amurka ya ci babbar gasarsu ta 1970 da ratar bugu bakwai, ba wanda ya yafe masa ko ɗaya. Duk da haka ban ce sukar ta mutu sarai ba. An ɗauke masa haɗari, an kuma ɗauke masa ɗaukakar da ke bayan haɗarin, ba a kuwa tambaye shi ba, kamar yadda ba a tambayi Snead ba.

Da Nicklaus ya tsaya ya naɗe hannu ya bar Jacklin ya buga, da ya yi laifi? Ko kusa. Ba doka, ba al'ada da ta tilasta masa. Abin ya wuce wajibi, shi ya sa ake rubuta littafi a kansa. Wahalar ita ce, sa'ad da kyauta ta yi suna, sai mutane su soma ɗaukarta kamar bashi. A 2015, a gasar mata da ake kira Kofin Solheim, a St Leon-Rot ta ƙasar Jamus, wata budurwa 'yar Amurka, Alison Lee, ta ɗauki ƙwallonta a dab da rami na 17, tana tsammani an yafe mata. Suzann Pettersen ta gefen Turai ta ce ba wanda ya yafe. Bisa ga doka Pettersen ce mai gaskiya, aka ba Turai ramin, Lee ta yi kuka, har abokiyar wasan Pettersen ɗin, Charley Hull, ita ma ta yi kuka. Amurkawa suka fusata, suka taso daga baya, maki 6 da 10, suka ci gasar. Kashegari Pettersen ta fito ta roƙi gafara. Lee ta ɗauki abin da ba a ba ta ba, wannan kuskure ne. Pettersen ta tsaya a kan hakkinta da na ƙungiyarta, daidai abin da Snead ya so a yi a 1969, amma da ta kwana ta tashi, ita da kanta ta ga hakkin bai ishe ta ba.

Masu rubuta littattafai suna son su rufe labarin Birkdale da cewa alheri danƙo ne, ba ya faɗuwa ƙasa banza. Suna da abin nunawa: mutanen biyu sun zama aminai, tare suka tsara wani filin golf a jihar Florida wanda aka buɗe a 2006, aka sa masa suna The Concession don tunawa da yafewar, tun 2021 kuma ana ba da lambar yabo da sunansu su biyu a Kofin Ryder. Amma in lada ake nema a fagen wasa, lissafin bai fita yadda suke so ba. Nicklaus ne a 1977 ya ba shugabannin golf na Birtaniya shawara a shigo da sauran ƙasashen Turai cikin gasar, don ya ga cin da Amurka take yi kullum yana kashe ta. Aka yi haka daga 1979. Wato da bakinsa ya roƙa a ƙara wa abokan hamayyarsa ƙarfi. A 1983 aka naɗa Jacklin shugaban ƙungiyar Turai, Nicklaus yana shugaban ta Amurka, Amurka ta tsira da kyar da ratar maki ɗaya. A 1985 mutanen Jacklin suka karɓe kofin a Ingila, karo na fari da Amurka ta sha kaye tun 1957.

A 1987 aka kai gasar Muirfield Village a jihar Ohio, filin da Nicklaus ya tsara da kansa, kusa da garin da aka haife shi. Shi ne shugaban Amurka, Jacklin na Turai. Shekara 60 ana gasar, ba a taɓa cin Amurka a gidanta ba. Mutanen Jacklin suka ci, 15 da 13.